Hoto na motsi, sauti ya ɗauke: ƙananan fayilolin da ke riƙe da muryar kwamfuta

Duk wanda ya taɓa zama a shagon intanet a Maradi ko Damagaram, ko ya sayi kwamfuta ta hannu a Yamai, da wuya a ce bai ci karo da wannan ƙaramin saƙon ba. Ka danna wasa ko wata manhaja, maimakon ta buɗe sai Windows ya fito da rubutu, galibi da Faransanci, yana cewa ba zai iya tayar da ita ba saboda babu fayil ɗin mss32.dll, ko XAudio2_7.dll, ko OpenAL32.dll a cikin na'urar. Wani zubin ma babu saƙon komai. Bidiyo na tafiya, bakin mai magana na motsi, lasifika kuwa shiru.

Maganin da ya fi yaɗuwa tsakanin matasa sananne ne: a rubuta sunan fayil ɗin a Google, a shiga shafin farko da ya fito, a sauke shi, a jefa cikin dosiyen System32, a sake kunna na'ura. In an dace sauti ya dawo. In ba a dace ba saƙon ya rikiɗe zuwa wani mai lambobi. Akwai kuma na uku da ya fi su muni, wato komai ya yi aiki daidai, alhali an shigo da baƙon da ba a san asalinsa ba cikin na'urar da ake buɗe Facebook da imel, ake kuma ajiye hoton fasfo da takardun neman biza.

Lamarin bai tsaya ga masu buga wasa ba. Da irin waɗannan kwamfutoci ne gidajen rediyon al'umma ke tace shirye-shirye, mawaƙa ke ɗaukar waƙa a ƙananan situdiyo, ɗalibai ke bin darussa, iyalai kuma ke magana da ƴaƴansu da ke ci-rani a Aljeriya, Libiya, Abijan ko Turai. Yawancin wannan wahala ana iya kauce mata idan aka san abu guda: kowane ɗaya daga cikin fayilolin nan yana da mai shi, kuma wurin mai shi ake karɓo shi.

Injin niƙan unguwa

A unguwa ba kowane gida ke sayen injin niƙa ba. Inji ɗaya ne a bakin hanya, kowa ya aiko da hatsinsa. Haka masu rubuta manhaja suka tsara aikinsu. Fitar da sauti abu ne da VLC ke buƙata, Chrome ke buƙata, WhatsApp na kwamfuta da wasan ƙwallo ma haka. Maimakon kowace ta rubuta nata tun daga tushe, sai aka tara umarnin a cikin fayil guda da kowace za ta kira idan buƙatarta ta taso. Wannan fayil shi ne laburaren haɗaka. A Windows sunansa na ƙarewa da .dll, a Linux da .so, a kwamfutocin Apple kuma da .dylib.

Ribar a fili take. Ana rage cin wuri a faifai da ƙwaƙwalwar na'ura, kuma idan aka gyara kuskure a fayil ɗaya, duk manhajojin da ke aiki da shi sun amfana. Asarar ma a fili take: ranar da injin ya tsaya, unguwa duka ta kwana ba tuwo.

Sauti a cikin kwamfuta lambobi ne zalla. A ma'aunin faifan CD, ana auna muryar sau 44,100 a kowace daƙiƙa, kowane awo na cin bit 16, ga ɓangaren hagu ga na dama. Lissafin ya kama bait 176,400 a daƙiƙa, wato sama da megabait 10 a minti guda. MP3 dabara ce kawai ta matse waɗannan lambobi su ƙanƙance. Idan aka kunna waƙa, manhaja ce ke warware matsin, ta miƙa lambobin ga laburare, shi kuma ya kai su wurin injin haɗa sautuka na Windows, wanda ake ganin sunansa audiodg.exe a jerin ayyukan da ke gudana. A nan ake cuɗa waƙar da ƙarar shigowar saƙo da muryar mai kira su zama abu ɗaya. Daga nan sai direba, wanda masu gyaran da suka yi karatu da Faransanci ke kira pilot, ya miƙa su ga ƴar na'urar sauti da ke manne a allon kwamfutar. Mafi yawan irinta a yau kamfanin Realtek na Taiwan ne ke ƙerawa. Ita ce ke mayar da lambobi su zama lantarkin da ke girgiza lasifika.

Duk wannan tafiya ana yin ta ne guga-guga. A bisa al'ada Windows na cika guga ɗaya a duk kashi ɗaya cikin ɗari na daƙiƙa, awo 480 ke nan idan ana aiki da ma'aunin 48,000. Guga ɗaya ya makara, kunne ya ji: wannan tsinkewar da ƙaraf-ƙaraf ɗin da ake ji idan na'ura ta yi nauyi daga nan suke.

Kowane fayil da ubangidansa

Abin da ke rikita mutane shi ne ganin duk sunayen na ƙarewa da .dll, sai a ɗauka gida ɗaya suka fito.

Akwai waɗanda na Windows ne shi kansa. Dattijon cikinsu shi ne winmm.dll, wanda asalinsa ya koma 1991, lokacin da Microsoft ya ƙara wa Windows 3.0 ikon kunna sauti. Wanda ya buɗe Audacity ya ga an rubuta MME a wurin zaɓen hanyar sauti, to wannan dattijon yake kallo, kuma har yau yana aiki. Sai dsound.dll, da ya zo a 1995 tare da DirectX domin masu wasanni. A Janairun 2007, da fitowar Windows Vista, aka rushe ginin aka sake. Kafin lokacin, ana haɗa sautuka ne a cikin zuciyar tsarin, inda kuskure ɗaya kan iya kayar da kwamfutar gaba ɗaya ta nuna shuɗin allo. Vista ya fitar da aikin waje, ya kawo sabuwar hanya mai suna WASAPI, kuma daga lokacin ne aka samu damar rage ƙarar manhaja ɗaya ba tare da an taɓa ta sauran ba. Sai dai an biya farashi. An yanke wa dsound.dll hanyarsa ta kai-tsaye zuwa katin sauti, lamarin da ya sa waɗanda suka sayi katunan Sound Blaster masu tsada suka wayi gari wasanninsu sun rasa amon da aka saye su dominsa, har sai da kamfanin Creative ya fitar da wata manhaja, ALchemy, don toshe giɓin. Tun daga nan winmm.dll da dsound.dll suka zama tamkar tsofaffin ƙofofi biyu da ke shiga sabon zaure ɗaya.

Irin waɗannan ba sa ɓata haka kawai, domin Windows na gadin su. Suna dai iya lalacewa idan wuta ta ɗauke ana tsakiyar sabuntawa, ko faifan ajiya ya fara mutuwa, ko wata muguwar manhaja ta taɓa su. Windows kuma na da nasa magani. A buɗe baƙin allon rubuta umarni da ikon mai kula da na'ura, a rubuta sfc /scannow, shi zai bi fayilolin tsarin ɗaya bayan ɗaya ya maye gurbin wanda ya lalace daga ajiyarsa. Idan ajiyar ma ta taɓu, daga Windows 8 zuwa sama akwai umarnin DISM /Online /Cleanup-Image /RestoreHealth, amma shi yana cin intanet, don haka a duba forfe kafin a fara.

Rukuni na biyu na Microsoft ne, amma ba sa zuwa tare da Windows. Su ne XAudio2_7.dll, X3DAudio1_7.dll da XAPOFX1_5.dll, ƴan kunshin DirectX na watan Yunin 2010. A nan ne mutane da yawa ke ɗaurewar kai, domin na'urarsu na nuna tana da DirectX 12, amma wasa na kukan babu fayil na DirectX. Dalilin shi ne Windows 10 na zuwa da XAudio2_9.dll, shi kuwa wasan da aka rubuta shekaru goma sha da suka wuce sunan 2_7 ya sani, kuma da sunan yake kira. Wasanni da dama na ɗauke da maganin a cikin dosiyensu: a nemi wani ƙaramin dosiye mai suna Redist ko DirectX, a kunna DXSETUP.exe da ke ciki. In babu, cikakken kunshin na shafin Microsoft kyauta, bai kai megabait 100 ba, kuma mai shagon intanet na iya sauke shi sau ɗaya ya ajiye a kilen USB ya yi ta girkawa. Kwafe fayil ɗin shi kaɗai sau da yawa ba ya wadatarwa, saboda XAudio2_7.dll na buƙatar a shigar da sunansa cikin rajistar Windows, aikin da mai girkawar ke yi.

Na uku su ne mallakar manhajar kanta, kuma mss32.dll ne sarkinsu a shagunan wasa. Ɓangare ne na Miles Sound System, laburaren sauti da wani Ba'amurke, John Miles, ya fara rubutawa a farkon shekarun 1990, daga baya ya koma hannun kamfanin RAD Game Tools, wanda shi ma Epic Games ya saye a 2021. GTA Vice City, da ya fito a kwamfuta a 2003, da shi yake magana, haka ma Call of Duty na farko-farko. Mazaunin wannan fayil dosiyen wasan ne, kusa da fayil ɗin da ake dannawa. Ba shi da aikin yi a System32. Kuma akwai nau'o'insa da yawa da ke amsa suna ɗaya, kowane wasa da wanda aka gina shi a kai. Shi ya sa wanda ya sauko da mss32.dll daga intanet kan ga saƙon ya canza, yanzu ana cewa ba a samu wata mashiga mai suna da ya fara da _AIL ba. Fayil ɗin ya zo, amma na wani wasan ne.

Me ke ɓatar da shi tun farko? Galibi kwafe-kwafe ne. Wasa ya bi ta kile biyar kafin ya iso, a hanya wani ya zare kafin a gama kwafewa. Ko kuma manhajar kariya ta yi zargin fayil ɗin ta killace shi, abin da ya kamata a fara dubawa kafin a je ko'ina. Maganin shi ne a sake girka wasan daga cikakken kwafi. OpenAL32.dll ma yana da nasa mai girkawa, oalinst.exe, wanda wasannin da ke buƙatarsa kan zo da shi.

Tarkon System32

Akwai wani abin da ko wasu masu gyara ke faɗawa cikinsa. A Windows mai bit 64, wanda shi ne a kusan duk kwamfutocin yanzu, dosiyen System32 na ɗauke ne da fayiloli masu bit 64. Masu bit 32 kuwa suna cikin SysWOW64. Ba kuskuren rubutu ba ne, haka abin yake, a juye. Microsoft ya bar tsohon sunan ne don kada manhajojin da suka haddace shi su rikice, sannan ya sa duk manhaja mai bit 32 da ta nemi System32 a karkatar da ita zuwa SysWOW64 ba tare da ta sani ba.

Manhaja mai bit 32 ba ta iya ɗaukar laburare mai bit 64, haka ma akasin haka. Wanda ya bi sunan dosiye ya ajiye fayil inda bai dace ba, abin da zai gani shi ne lambar nan 0xc000007b. An yi gudun gara an faɗa gidan zago: da manhaja ɗaya ce ba ta buɗewa, yanzu duk masu kiran wannan fayil sun shiga sahu.

Baƙon da ke shigowa da rigar ɗan gida

Fayil ɗin .dll ba hoto ba ne, ba waƙa ba ne. Umarni ne da na'ura ke aiwatarwa, kuma da zarar manhaja ta ɗauke shi, duk abin da manhajar ke da ikon yi shi ma yana da shi: karanta takardu, buɗe makirfo, aika bayanai ta intanet. Ba ya kuma bayyana da sunansa a jerin manhajojin da ke aiki, yana fakewa ne a bayan wadda ta kira shi. Ba duk shafukan da ke rarraba waɗannan fayiloli ne na ɓarayi ba, amma mai saukewa ba shi da hanyar sanin wanda ya ɗora fayil ɗin, ko abin da aka ƙara a cikinsa, kuma manyan maɓallan saukewa da ke cika irin shafukan sau da yawa talla ce mai kai mutum ga wata manhajar daban.

Masu kutse sun daɗe da gane wata ɗabi'ar Windows. Idan manhaja ta kira laburare da suna, in ba ya cikin ƴan ƙalilan da tsarin ya keɓe, a dosiyen manhajar ake fara neman sa kafin a je System32. Masu yi wa wasanni kwaskwarima na amfani da wannan a fili: sukan ajiye nasu fayil mai suna dsound.dll ko winmm.dll a dosiyen GTA, wasan ya ɗauka na Windows ne, fayil ɗin ya shigar da sabbin motoci sannan ya miƙa aikin sautin ga na ainihin. Ƙofar da sabbin motoci suka bi, ita ɓarawo ke bi. A watan Agustan 2010 Microsoft ya fitar da gargaɗi kan wani nau'in wannan hari, inda buɗe waƙa ko takarda daga dosiyen da aka dasa wa mugun .dll kan isa a kama na'ura. A 2022 kamfanin tsaro na Symantec ya ba da rahoton wata ƙungiyar leƙen asiri da ake alaƙantawa da Sin, wadda ta riƙa ajiye VLC na ainihi tare da gurɓataccen laburare a gefensa. Ita VLC ɗin, wadda ɗalibai suka faro a Faransa, lafiyarta lau. Maƙwabcin da aka ajiye mata ne matsalar.

Gaskiya dai ko karɓowa daga mai shi ba ta zama garkuwa ɗari bisa ɗari ba. A watan Maris na 2023 aka gano cewa manhajar kiran waya ta kamfanin 3CX, wadda ofisoshi da yawa a duniya ke aiki da ita, ta fita da gurɓataccen ffmpeg.dll, laburaren sarrafa sauti da bidiyo, kuma ta hanyar sabuntawar kamfanin kansa ta isa ga mutane. Masu bincike na Mandiant sun danganta aikin da wata ƙungiya mai alaƙa da Koriya ta Arewa. Bambancin shi ne an gano, an sanar, an fitar da gyara. Fayil ɗin da aka tsinto a shafin da ba a san mai shi ba, babu wanda zai aiko da sanarwa a kansa.

Idan babu saƙo, sai shiru

Sau da yawa laburaren na nan lafiya, matsalar na ƙasa da shi. Alamar da aka fi sani ita ce jan kuros a kan hoton lasifika, musamman bayan an wanke na'ura an zuba mata sabon Windows, abin da masu gyara ke kira formataj. Wankin ya tafi da direban da kamfanin ya sa tun farko. A wurin sarrafa na'urorin kwamfuta, kowace na'urar sauti na da lambar shaida da ke faɗin wanda ya ƙera ta: VEN_10EC na Realtek ne, VEN_14F1 na Conexant, VEN_111D kuma na IDT, wanda ake samu a tsofaffin HP da Dell. Da wannan lamba, ko da lambar samfurin da ke rubuce a ƙarƙashin kwamfutar, ake zuwa shafin HP, Dell ko Lenovo a sauko da direban da ya dace. Ƴan ci-rani da ke aiko wa ƙannensu kwamfuta za su rage musu wahala idan suka sauke direbobin tun can inda intanet ke da sauƙi, suka haɗo su a kile.

Kafin a kai ga haka ma akwai ƙananan abubuwa. Kwamfutar da aka taɓa jona wa talabijin ta wayar HDMI kan ci gaba da tura sautin can. Ramin abin sauraro na kunne yana da ƴar na'urar da ke gane an soka wani abu, kuma ƙurar hunturu kan cika shi har na'ura ta ɗauka an soka, ta kashe lasifika. Akwai kuma hidimar Windows Audio, wadda in ta tsaya komai ya tsaya. Sai kwafin Windows da aka yi wa aski don ya yi sauƙi a tsohuwar na'ura, irin da ke yawo a kasuwa: wanda ya yi askin shi kaɗai ya san abin da ya cire, kuma sfc ba zai iya dawo da abin da babu shi a ajiya ba. Kowa ya sayi rariya ya san za ta zubar da ruwa.

VLC na ba da hanyar gwaji mai sauƙi. A cikin saitinta na sauti ana iya zaɓar ƙofar da za ta bi, DirectX ko WaveOut ko sabuwar hanyar Windows. Idan ɗaya ta yi magana ɗaya ta ƙi, matsalar na sama, wajen laburare. Idan duka suka yi shiru, a sauka wajen direba da lasifika.

Masu HP na hannu akwai abin da ya kamata su duba. A watan Mayun 2017 kamfanin Modzero na Suwizalan ya gano cewa wata manhaja da ke zuwa da direban sauti na Conexant a wasu samfuran EliteBook da ProBook, ciki har da EliteBook 840 G3, tana rubuta duk abin da aka buga a madannai cikin wani fayil, MicTray.log, a dosiyen C:\Users\Public. HP ya ce ragowar gwaji ce da aka manta ba a cire ba, ya kuma fitar da gyara. Irin waɗannan samfura su ne ke cika kasuwar kwamfutocin hannu a yau, kuma wanda ya girka tsohon direba daga tarin da ke yawo a kile na iya dawo da ita.

A situdiyo da gidan rediyo

Mawaƙi ba ya jure jinkirin da mai kallon fim ba zai ma lura da shi ba. Idan ya yi waƙa muryarsa ta dawo kunnensa a makare, kiɗan ya ɓaci. Don haka kamfanin Steinberg na Jamus, mai manhajar Cubase, ya ƙirƙiro ASIO, hanyar da ke tsallake injin haɗa sautuka na Windows ta je wurin katin kai-tsaye. Direban ASIO shi ma fayil ne na .dll. Waɗanda ba su da katin situdiyo kan girka ASIO4ALL, kuma a nan wani ƙorafi ke yawan tasowa: an buɗe FL Studio, YouTube ya yi shiru. Ba lalacewa ba ce. ASIO4ALL kan riƙe na'urar sautin shi kaɗai, sai an rufe manhajar ko an koma FL Studio ASIO sauran su samu hanya.

Tsofaffin ma'aikatan rediyo kuwa ba za su manta da lame_enc.dll ba. Shekara da shekaru Audacity ba ta iya fitar da MP3 sai an nemo wannan fayil daban, saboda haƙƙin mallakar fasahar MP3 ya hana a haɗa su. Wa'adin haƙƙin ya ƙare a 2017, kuma daga sigar 2.3.2 ta 2019 Audacity na zuwa da shi a ciki. Gidan rediyon da har yau manhajarsa ke tambayar lame_enc.dll, Audacity ɗin ce ta tsufa, sabuwa ake saukewa.

Ɓangaren Linux

Apple ya rufe wannan babi a nasa gida. Tun macOS Big Sur na 2020 laburaren tsarin na cikin wani sashe da aka kulle, mai na'ura ba ya iya taɓa su. Linux kuwa ya bi wata hanyar, kuma shi ma ya sha nasa fama. ALSA, wanda Jaroslav Kysela na ƙasar Cek ya fara a 1998, shi ne tushen sauti tun Linux 2.6 na 2003, laburarensa kuma libasound.so.2. A kansa aka ɗora PulseAudio na Lennart Poettering, wanda shigarsa Ubuntu 8.04 a 2008 ta jawo ƙorafi mai yawa. A 2017 Firefox 52 ya daina magana da ALSA kai-tsaye, waɗanda ba su da PulseAudio suka tashi babu sauti a intanet. Yanzu PipeWire na Wim Taymans ne ke karɓar ragama: Fedora 34 ya fara a 2021, Ubuntu ya biyo baya a sigar 22.10. Dabararsa ita ce bai tilasta wa kowa canza kira ba. Manhajar da ta saba kiran libpulse.so.0 na ci gaba da kiransa, PipeWire ne ke amsawa daga ciki.

Abin da Linux ya fi Windows a nan shi ne babu dalilin yawon neman fayil. Umarnin ldd na jero duk laburaren da manhaja ke buƙata ya nuna wanda babu, sannan a girka shi daga rumbun tsarin, inda kowane kunshi ke ɗauke da sa hannun masu shi. Sunaye dai kan canza. A Ubuntu 24.04 kunshin libasound2 ya koma libasound2t64, a cikin shirin kauce wa matsalar agogon da ke jiran na'urori masu bit 32 ranar 19 ga Janairun 2038, don haka wanda ke bin tsohon darasi a intanet zai ga an ce masa babu kunshin.

Wannan zance ya daina zama na ƙwararru kaɗai. Microsoft ya daina kula da Windows 7 ranar 14 ga Janairun 2020, ya kuma kawo ƙarshen kulawar yau da kullum ga Windows 10 ranar 14 ga Oktoban 2025, in ban da ƙarin shekara guda ta gyaran tsaro ga waɗanda suka yi rajista. Windows 11 na buƙatar TPM 2.0 da injin Intel na ƙarni na takwas zuwa sama ko makamancinsa, sharaɗin da EliteBook 840 G3 da sa'o'inta ba su cika ba. Masu irin waɗannan na'urori a Tahoua da Maradi zaɓi uku ke gabansu: su zauna da Windows ɗin da ba a ƙara gyara laburarensa, su tilasta wa Windows 11 shiga ba da yardar Microsoft ba, ko su koma Linux Mint ko Ubuntu. Mai shirin komawa na iya gwadawa ba tare da ya goge komai ba, domin duka biyun na tashi daga kilen USB. Ya kunna waƙa a lasifika, ya soka abin kunne, ya gwada makirfo da kira guda, kafin ya danna maɓallin girkawa.